FARAUTAR SARKIN MUSULMI ATTAHIRU: DAGA GIGINYA ZUWA BURMI, 1903

Rubutunmu na wannan mako zai waiwayi kwana 134 a tarihin ƙasar nan, wato daga ranar 15 ga Maris zuwa 27 ga Yulin 1903. A cikin waɗannan kwanaki ne sojojin Ingila suka bi sawun Sarkin Musulmi Muhammadu Attahiru na Ɗaya, tun daga bayan ganuwar Sakkwato har zuwa Burmi a bakin kogin Gongola, inda suka kashe shi. Yawancinmu mun san farkon labarin da ƙarshensa. Tsakiyar ce ba a cika faɗa ba, alhali a nan ne tambayar take: me ya sa Turawan da suka riga suka ci birni, suka naɗa sabon sarki, suka ga ba za su iya barci ba muddin wannan mutum ɗaya yana raye?

YADDA ABIN YA FARO

Attahiru ɗan Ahmadu ne, ɗan Atiku, ɗan Shehu Usmanu. Ya hau gadon sarauta a watan Oktoban 1902 bayan rasuwar Sarkin Musulmi Abdurrahman, kuma ya tarar da daula ta riga ta fara zubewa. Bida da Kwantagora da Yola sun faɗi a 1901, Bauchi ta bi su a 1902, Zariya kuma Turawa sun girke soja a cikinta. Faransawa suna Damagaram ta arewa, Jamusawa sun shiga Adamawa ta gabas.

A cikin watan da ya hau ne Magajin Keffi Ɗan Yamusa ya kashe Kyaftin Maloni, ya gudu Kano, Sarki Alu ya karɓe shi da girmamawa. Gwamna Lugga ya riƙe wannan hujja. Kanar Morland ya taso da sojoji baƙar fata wajen 700, da hafsoshi Turawa 'yan ƙalilan, da igwa, da bindigar nan da mutanen lokacin suka kira bindiga mai ruwa. Kano ta faɗi ranar 3 ga Fabrairun 1903, Alu yana Sakkwato wajen mubaya'a. A kan hanyar dawowa ya rabu da rundunarsa, Waziri Ahmadu ya ja ragowar, aka kashe shi a Kwatarkwashi. Shi kuwa Alu an kama shi a ƙasar Gobir, ya ƙare rayuwarsa a Lakwaja a 1926.

A Sakkwato kuwa, shawara ta rabu. Wasu sun ce a nemi sulhu, wasu sun ce a yi yaƙi, wasu sun ce a tashi gaba ɗaya a yi hijira. Ko Sarki Alu, a wata wasiƙa da ya aika wa Waziri, ya nuna cewa barin ƙasar ya fi. Ba a gama tsayar da magana ba Turawa suka iso. Ranar 15 ga Maris aka gwabza a filin Giginya. Yaƙin bai daɗe ba, domin doki da mashi ba sa isa ga sahun da ke aman harsashi daga nesa. Wasu tsiraru suka tsaya a gindin tuta har aka kashe su. Attahiru ya janye, ya nufi gabas.

Kwana shida bayan haka, ranar 21 ga Maris, Lugga ya tabbatar da Attahiru na Biyu, ɗan Aliyu Babba, daga gidan Bello, a matsayin Sarkin Musulmi. A ganin Turawa magana ta ƙare ke nan.

ABIN DA YA TAYAR WA TURAWA HANKALI

Da farko ba su ɗauki Attahiru da wani nauyi ba. Sarki ne da ya rasa birni, ya sauka a wajen Gusau da 'yan mutanensa. Lugga da kansa ya tafi hutu Ingila, ya bar mataimakinsa William Wallace yana riƙon ƙwarya. Amma tun kafin ya bar ƙasar labari ya fara sauyawa. Attahiru ya aika da kira ga jama'a cewa wanda zai iya ya taso a yi hijira zuwa gabas, a nufi Makka. Jama'a kuwa suka amsa. Da ayarin ya ratsa kudancin ƙasar Kano da iyakar Zazzau, dubban mutane suka shiga: malamai, masu sarauta, manoma, mata da yara, da dabbobi da tarkacen gida.

Wannan kira bai zo wa mutane a matsayin baƙon abu ba. Tun zamanin masu jihadi ake riƙe da maganar cewa a ƙarshen zamani jama'ar Shehu za ta tashi zuwa gabas, wajen kogin Nilu, ta tarbi Mahadi. Sarkin Musulmi Muhammadu Bello ya taɓa rubuta wa Modibbo Adama na Yola a kan lura da hanyoyin gabas saboda wannan batu. Don haka manomin da ya ga Nasara sun ci Kano da Sakkwato cikin kwana arba'in, sannan ya ji Sarkin Musulmi ya kama hanyar gabas, ba ya buƙatar wani dogon bayani.

Akwai dalilai huɗu da suka sa Turawa suka mayar da abin farauta.

Na farko shi ne mubaya'a. Lugga ya gina mulkinsa a kan sarakuna, kuma sarakunan nan ƙarfinsu daga Sakkwato yake. Attahiru na Ɗaya bai yi murabus ba, masu zaɓe ba su tuɓe shi bisa wani laifi ba. Muddin yana numfashi, duk wanda ya yi masa mubaya'a yana da hujjar cewa na Sakkwato naɗin Nasara ne. Haka ma Abbas a Kano da sauran sababbin sarakuna, rawaninsu bai zauna ba.

Na biyu shi ne jama'a. Tashin ya faɗo a bakin damina, lokacin sharar gona da shuka. Ƙasar da mutanenta suka kwashe ba ta da amfani ga mai mulki, domin babu mai noma, babu mai biyan haraji, babu mai ɗaukar kaya. Hijira ta fi yaƙi cutar da Turawa, domin yaƙi sun san yadda za su ci shi, amma ba su da sojan da zai tsare kowace ƙofar gari.

Na uku shi ne mutanen da suka taru a kusa da shi. Magajin Keffi, wanda Turawa ke nema da jinin Maloni, yana cikin ayarin. Etsu Nupe Abubakar da aka kora daga Bida yana ciki. Sarkin Misau Ahmadu ya bar gadonsa ya bi. Akwai kuma 'yan Tijjaniyyar da Faransawa suka koro daga ƙasar Segu, jikokin Alhaji Umaru Futi da mabiyansu, cikinsu har da Basharu da malamin nan Alfa Hashimu. Duk wanda yake da jiƙaƙƙiya da Turawa ya sami inuwar da zai raɓa.

Na huɗu shi ne tsoron Mahadiyya. Shekara biyar kacal da suka wuce, a 1898, Ingila ta gama yaƙi da daular Mahadi a Sudan, bayan ta yi asarar Janar Gordon a 1885. Hafsan Ingila na wancan lokaci idan ya ji kalmar Mahadi, ya ga taron mutane sun nufi gabas da tuta, ya san abin da yake tunawa.

YADDA AKA YI FARAUTAR

Turawa ba su da babbar rundunar da za ta tare ayarin gaba da gaba, domin sojojinsu a warwatse suke a Sakkwato, Kano, Zariya, Bauchi da Barno. Sai suka riƙa sakin ƙananan ƙungiyoyin soja daga garuruwa daban-daban, kowace da Bature ɗaya ko biyu, suna bin ayarin a baya suna tsinke masu rauni, suna kora su gida. An yi arangama sau da dama a hanya. A ɗaya gefen kuma aka matsa wa sababbin sarakuna su hana talakawansu fita, su rufe wa ayarin ƙofa, su kawo labarin inda ya kwana. Wannan ɓangaren ya fi harsashi tasiri. Taron dubban mutane da dabbobi yana buƙatar hatsi da ruwa kullum, kuma garin da ya rufe ƙofa ya yi wa Turawa rabin aiki.

Hanyar gabas ɗin ma ba a buɗe take ba. Faransawa sun kashe Rabe a Kusuri a watan Afrilun 1900, suka bi ɗansa Fadlallah har Gujba suka kashe shi a 1901. Lamiɗon Adamawa Zubairu, wanda ya bar Yola a 1901, ya yi ta gudu tsakanin Ingilishi da Jamusawa har aka kashe shi a farkon 1903. Duk wani shugaba da ya ƙi miƙa wuya a yankin an riga an bi shi. Attahiru ne babba da ya rage.

Ayarin ya gangaro zuwa kwarin Gongola, inda garin Burmi yake, a Jihar Gombe ta yau, kusa da Ashaka da Bajoga. Burmi gari ne mai ganuwa da Malam Jibrilla, wanda ake kira Jibril Gaini, ya mayar cibiyar masu aƙidar Mahadiyya. Ya yi shekaru yana yaƙi da sarakunan Gombe, kuma a idon Sakkwato ɗan tawaye ne. Turawa sun kama shi a 1902 suka kai shi Lakwaja, garin ya koma hannun Malam Musa Dadare. Abin lura a nan, garin da daular Usmaniyya ta ɗauka na 'yan tawaye shi ne ya zama mafakar shugabanta ta ƙarshe.

Ranar 13 ga Mayu Kyaftin Sword, wanda ya biyo sawu daga Kano, ya isa Burmi ya nemi shiga. Mutanen garin suka hana shi. Aka wuni ana faɗa, sojojinsa da yawa suka ji raunin kibiya, dole ya janye zuwa Bauchi. Wannan shi ne yaƙin Burmi na farko, kuma ya girgiza Turawa, domin tun da suka fara cin ƙasar Hausa ba a saba ganin sun juya baya ba. Bayan 'yan kwanaki wata ƙungiyar sojan ta afka wa ayarin Attahiru a Gwani, kusa da Dutsen Bima, dutsen da mutane da yawa ke dangantawa da bayyanar Mahadi. Jama'a da dama suka watse. Attahiru da waɗanda suka rage suka koma cikin Burmi.

Daga can ya aika wa Turawa saƙo cewa ba yaƙi yake nema ba, a bar shi ya wuce. Amsar da ya samu ita ce ya miƙa kansa ba tare da wani sharaɗi ba. Ya kuwa san makomar waɗanda suka shiga hannu kafin shi. Turawa suka shafe Yuni da yawancin Yuli suna tara soja da igwa, suna tsare hanyoyi da mashigan kogi, suna hana abinci shiga.

Ranar 27 ga Yuli Manjo Marsh ya kai hari. Igwa ta fasa ganuwa, amma mutanen ciki ba su gudu kamar yadda aka gani a wasu garuruwa ba. Marsh kansa kibiya mai dafi ta same shi ya mutu, Manjo Barlow ya karɓi jagoranci. An yi faɗa daga hantsi har yamma, a bakin ganuwa da cikin lunguna. Ruwayar da ta shahara ita ce Attahiru ya fito daga masallaci a ƙasa, ba a kan doki ba, ya nufi inda ake faɗan, harsashi ya same shi, mutanensa suka yi ta faɗuwa a kewaye da gawarsa. Fiye da mutum 600 aka kashe a ranar, aka ƙone garin. Wasu masana tarihi, irin su Toyin Falola, sun kawo cewa an yanke kansa aka ɗauki hoto, aka yaɗa don kowa ya tabbata ya mutu. Wannan ya nuna abin da farautar take nufi tun farko. Mutuwar kaɗai ba ta wadatar da su ba, sai jama'a sun yarda cewa mubaya'ar da ke wuyansu ta faɗi.

ABIN DA KISAN YA KASHE, DA ABIN DA YA BARI

Ta fuskar Turawa, buƙata ta biya. Sababbin sarakuna suka zauna daram, mafi yawan masu hijira suka koma gonakinsu. Amma tafiyar ba ta mutu a Burmi ba. Ɗan Attahiru, Muhammadu Bello Mai Wurno, ya tsira da wasu jama'a, suka ci gaba da tafiya shekaru har suka isa Sudan. Garin da suka kafa a bakin Shuɗin Nilu, kusa da Sannar, har yau sunansa Mai Wurno, kuma zuriyarsu tana nan. Alfa Hashimu ya ƙarasa Madina, ya zama malamin da alhazan Afirka ta Yamma ke sauka wurinsa. Tsoron Mahadiyya ma bai bar Turawa ba, domin a 1906 Satiru, kusa da Sakkwato, ta tashi. Tutar da aka kwashe a Burmi kuwa sai a 1960 aka mayar wa Sarkin Musulmi Abubakar na Uku.

ABIN DA YA SHAFE MU A MATSAYIN MARUBUTA

Wannan labari yana jiran alƙalaminmu, amma akwai ramuka uku da mai rubuta shi zai iya faɗawa.

Ramin farko shi ne raba mutane gida biyu, jarumai da matsorata. Waziri Buhari bai bi hijira ba. Ya fita daga Sakkwato, sannan ya dawo ya yi sulhu da Turawa, ya kuma rubuta risala yana bayyana wa malamai dalilinsa. Hujjarsa ita ce idan shugabanni duka suka tafi, wa za a bar wa raunana da ba su iya tafiya, da masallatai da makarantu da shari'a? Ya dogara da fatawar da ta halatta bin mai ƙarfi a zahiri don kare addini da rayuka. Masu hijira ma da littafi suka kafa hujja, kuma Shehu da kansa da hijira ya fara a 1804. Ɓangarorin biyu malamai ne, kowa yana tsoron Allah a kan zaɓinsa. Dubi gida ɗaya ma: Marafa Maiturare ɗan'uwan Attahiru ne, ya yi yaƙi a Giginya, bai je Burmi ba, kuma a 1915 ya zama Sarkin Musulmi a ƙarƙashin Turawa. Marubucin da ya zaunar da waɗannan 'yan'uwa biyu a ɗaki ɗaya a daren da aka watse daga Giginya, ya ba kowa maganar da ta dace da hankalinsa, ya sami babin da zai riƙe mai karatu. Wanda ya mayar da ɗaya mala'ika ɗaya maci amana ya yi wa tarihi ƙarya, ya kuma raunana labarinsa.

Rami na biyu shi ne mantawa da wanda ya riƙe bindigar. Turawan da ke Burmi 'yan kaɗan ne. Waɗanda suka hau ganuwa sojoji ne baƙar fata, da yawansu da Hausa suke magana, wasu tsofaffin bayi ne da suka gudu daga iyayen gijinsu suka shiga soja. Me ke zuciyar irin wannan mutum sa'ad da aka ce masa wancan da ke fitowa daga masallaci Sarkin Musulmi ne? Haka nan a cikin ayarin akwai bayin da ba a tambayi ra'ayinsu ba kafin a ɗora musu kaya, akwai matan da suka haihu a hanya, akwai dattijon da aka bari a ƙauye saboda ƙafa ta gaza. Rahoton soja bai ƙirga su ba. Ƙagaggen labari ne kaɗai zai iya ba su baki, kuma aikinmu ke nan.

Rami na uku shi ne aron kalmomin mai farauta. Yawancin abin da aka rubuta a lokacin hafsoshin da suka yi aikin ne suka rubuta shi, don shugabanninsu a Landan su gamsu cewa an yi daidai. A takardunsu Attahiru tuɓaɓɓen sarki ne mai gudu, mabiyansa kuma masu tsattsauran ra'ayi. A bakin mutanensa kuwa Amirul Muminina ne mai hijira. Kalmar da ka zaɓa ta riga ta yanke hukunci kafin ka kawo hujja. Ko wasiƙar da Lugga ya ce Sarkin Musulmi Abdurrahman ya aiko masa a 1902 yana shelanta yaƙi, wadda ta zama babbar hujjar cin Sakkwato, ba a ga asalinta na Larabci ba, fassara kawai ake da ita. D. J. M. Muffett, Baturen da ya yi aikin mulki a Arewa, ya yi doguwar tuhuma a kanta a littafinsa na 1964. Darasin shi ne, duk takardar da ta zo hannunka ka tambayi wanda ya rubuta ta, da wanda ya rubuta wa, da abin da yake so a yarda da shi. Wannan ma'auni ya hau kan ruwayoyinmu na baka ma, domin su ma suna da abin da suke ƙarawa don girmama wanda suke so. Idan ruwaya ce ka ce ruwaya ce. Idan kai ka ƙaga zance ka sa a bakin wani, to ka sanya shi a littafin da ka kira ƙagagge, kada ka saka shi a maƙalar tarihi.

Mai son ya fara bincike yana da inda zai dafa. Akwai wasiƙun Larabci da Turawa suka samu a gidan Wazirin Sakkwato, waɗanda H. F. Backwell ya fassara ya buga a 1927. Akwai waƙar Hausa a kan zuwan Annasara da ake dangantawa da Attahiru kansa, wadda ke nuna yadda masu hijira suka ga lamarin da idonsu. Akwai Gidan Tarihi na Waziri Junaidu a Sakkwato da Gidan Arewa a Kaduna. Filin Burmi kuma yana nan, da kabarin Attahiru da na Marsh ba nisa da juna, ga duk wanda yake kusa da Bajoga.

Aikin wannan mako ga mai sha'awa: ka rubuta shafi ɗaya a kan daren 26 ga Yulin 1903, ta bakin mutum ɗaya da ba sarki ba, ko a cikin ganuwar Burmi ko a sansanin da ke wajenta. Kada ka sa shi ya san abin da zai faru gobe, kada kuma ka sa masa maganar ɗan zamaninmu. A ajiye a ƙarƙashin wannan rubutu, mu karanta mu yi wa juna gyara kamar yadda muka saba. 'Yan'uwanmu na Gombe da Misau da Sakkwato da Sudan, idan akwai abin da kuka ji daga bakin kakanni game da wannan tafiya, ku kawo mana tare da faɗin daga wa kuka ji.

Allah Ya jiƙan magabata, Ya yi wa alƙalumanmu albarka.